Shekarar da Na Sauya Mai Jan Baƙi

Shekara ashirin da wani abu na yi ina tafsirin watan azumi a masallacin unguwarmu a Gumel, kullum bayan sallar La'asar. Wanda ya saba halartar irin wannan zama ya san mutum biyu ne ke ɗauke da shi: mai jan baƙi, wanda yake karanto aya da ka, da malamin da yake fassara ta ga jama'a. Idan mai jan baƙi ya yi tuntuɓe, malami ba shi da inda zai taka. Shekara shida a jere ɗana na fari ne yake ja mini.

Mu a gidanmu ana kunyar ɗan fari, kamar yadda muka taras iyayenmu suna yi. Ban taɓa kiran sunansa ba, ban taɓa zama na yi hira da shi ba. Da aka yaye shi ƙanena ya ɗauke shi zuwa Gagarawa, a can ya girma, a can ya yi hadda, sai da ya haɗa izu sittin ya dawo gabana da gemunsa. Idan ina da magana da shi nakan faɗa wa wani a gabansa, shi kuma ya ji ya aikata. Wuri ɗaya ne muryata take bin tasa ba tare da nauyi ba, shi ne wurin tafsiri. Ya ja, in fassara, in yi shiru ya ɗora. Ban taɓa waiwayawa na dube shi ba, domin ban taɓa bukatar hakan ba.

'Yan shekaru bayan an ba mu jiha, wani attajiri mai fataucin shanu da riɗi ya buɗe ofis a Maigatari, ya sayo kwamfuta don buga takardun kaya da wasiƙun abokan cinikinsa na Nijar. Ya nemi mutum mai amana, aka nuna masa yaron nan. Na yi istihara, na amince. Akawun ofishin, wani Kirista mutumin Filato mai ladabi ƙwarai, shi ya koya masa bugun rubutu. Abin da ban sani ba a lokacin shi ne aikin injin na kwana ɗaya ne ko biyu a mako, ranar kasuwa da washegarinta. Sauran kwanakin mutum ne zaune gaban inji, ba mai shiga ba mai fita.

Ɗakinsa yana jikin zaurena, bango ɗaya ne tsakaninmu. Al'adarsa bayan Asuba ya yi tilawar izu biyar kafin ya tafi tasha, ni kuma ina bin sa a zuci daga inda nake. Da damina ta yi nisa na lura biyar ɗin ta koma uku. Da aka fara yankan gero ta koma ɗaya, wata rana ma sai in ji ya karanta sumuni biyu ya yi shiru, sannan in ji ƙarar ƙofa. Da can yakan dawo kafin La'asar. Yanzu sai motar ƙarshe, gab da Magariba, idanunsa jawur kamar wanda ya wuni a bakin murhu. A watan Rajab na ji abin da ya hana ni cin abinci ranar. Yana cikin wata sura ya iso ayar da take da mai kama da ita a wata surar, sai ya zarce cikin waccan, ya yi ta tafiya bai farga ba. Wannan kuskure ne da kowane mahaddaci yake yi, amma yakan ji a jikinsa ya dawo. Shi bai dawo ba. Na ɗaga hannu zan buga bango, sai na kasa.

Na yi duk abin da mai kunya yake yi. Na gaya wa mahaifiyarsa, ta ce ita da ta haife shi nauyinta ya fi nawa, ba za ta iya ba. Na aika wa ƙanena, ya zo daga Gagarawa ya keɓe da shi, ya fito yana cewa yaro ya ce aiki ne ya yi yawa, kuma ai aiki ba laifi ba ne; ya koma ga wakensa da ke jiran roro. Na shafe mako guda a zaure ina karantar da almajiraina manya a kan tozarta lokaci da hatsarin barin hadda ta zube, shi yana zaune a gefe yana gyaɗa kai tare da kowa. Wani dattijo mai sayar da goro ya zo daga baya yana ba ni haƙuri, wai ya san shi dattijon nake nufi.

Zuciyata ta kai ni wurare da yawa a kwanakin nan. Garin kan iyaka ne, ba abin da ba a shigowa da shi. Na yi zaton ƙwaya, na yi zaton mace, na yi zaton abokan banza, ina neman gafarar Allah a kan kowane zato. Da Sha'aban ya kama, saura wata guda a zauna tafsiri, na ga in ban je da ƙafata ba zan shiga azumi a makance. Ranar wata Talata na ce zan je duba wani aminina marar lafiya a Maigatari, kuma na je na duba shi ɗin, don kada maganata ta zama ƙarya. Daga can na tambayi ofishin.

Janareta yana ta ruri a bayan ginin. Akawun ne ya fara ganina, ya miƙe ya rusuna, ya kawo kujera. Yaron yana can ƙurya ya ba ƙofa baya. Na yi sallama sau biyu bai amsa ba. Akawun ya yi dariya ya ce, "Baba Malam, ko gobara ce ta tashi sai ya gama wannan zagayen. Ni na koya masa, yanzu ko kusa da shi ba na zuwa." Da yaron ya waiwayo ya gan ni, ya zabura har kujera ta faɗi, ya durƙusa. Na dubi akawun na ce a gaya masa ya koma ya ci gaba da abin da yake yi, ina so in gani.

Karta ce. Hotunan karta ne a jikin gilashi, jere-jere, yana jan su da wani ɗan abu mai kama da sabulu da suke kira linzami, yana ɗora ja a kan baƙi, baƙi a kan ja, har su ƙare. Babu abokin wasa, babu abin da aka zuba. Idan ya gama sai katunan su yi ta tsalle, ya danna, a sake rabawa. Na tambayi akawun ko akwai wanda yake cin wani abu a ciki, ya ce ko ƙwayar gero.

Ba na ɗaura agogo, da karatu nake auna lokaci. Da aka sake rabawa sai na kama tilawa a zuci, ina so in san tsawon zagaye ɗaya. Na farko ya ci rabin izu. Na biyu ya ɗan haura. A na uku ne abin da nake jin nauyin rubutawa ya faru: na hango wata jar bakwai da ya kamata ta hau baƙar takwas, shi bai gan ta ba, na matsu ya gani, har bakina ya motsa. Da na dawo hayyacina na nemi inda na tsaya a karatu na rasa. Shekara hamsin ina tilawa a kasuwa, a mota, a gidan makoki, ba abin da ya taɓa yanke mini ita haka. Zaman da bai kai sa'a guda ba ke nan. Na daina ganin yaron a matsayin malalaci, tsorona kuma ya ninka.

Akawun, yana ganin kamar abin alfahari yake nuna mini, ya ce injin yana riƙe da adadin duk wasan da aka yi tun ranar da aka fara. Ya danna wani wuri, lamba ta fito: dubu bakwai da ɗari biyu da 'yan kai. Ya ce nasa a ciki bai kai ɗari ba. Ni mutum ne da ake kira rabon gado, lissafi ba ya ba ni wuya. Rabin izu sau dubu bakwai da ɗari biyu, izu dubu uku da ɗari shida ke nan. Sauka sittin, a cikin wata bakwai. Ban faɗi lissafin ga kowa ba. Na yi musu sallama, yaron ya biyo ni zai raka ni tasha, na ce wa akawun ya ce masa ya koma.

Kwana uku ina buɗe littattafan fiƙihu. Na duba abin da malamai suka ce game da caca, na ga sharaɗinta babu a nan. Na duba maganarsu a kan dara da makamantanta, na ga saɓani, kuma duk suna magana ne a kan wasan da ake yi da wani, wanda dole ya tashi idan abokin ya gaji ko rana ta faɗi. Wannan abokin ba ya gajiya. Da na sami nassi ƙarara da na ji sauƙi, sai in aika masa da hukunci ta bakin ƙanena in huta. Abin da na samu shi ne abin da na riga na sani, cewa halal ma idan ta cinye wajibi ta zama abin tambaya. Kuma tambayar ba a kansa kaɗai take ba. Wata huɗu ina jin haddarsa tana zuba ta bayan bango, ina riƙe da al'adar da ba aya ba ce ba hadisi ba.

Saura kwana goma azumi, bayan Azahar, na sallami kowa daga zaure, na leƙa da kaina na ce, "Kai, zo." Wannan ne karo na farko da na kira shi ba ta bakin wani ba. Ya zauna nesa, na ce ya matso. Na ɗauko masa wurare goma daga surori daban-daban, in fara ya ɗora. Ya wuce huɗu lafiya. Uku ya yi tuntuɓe ya tashi da kansa. Uku ya tsaya cak, yana motsa leɓe, gumi yana zubo masa a cikin sanyin nan.

Na tambaye shi ko zai iya barin abin. Ya ce, kansa a ƙasa, "Allah gafarta Malam, na bari ya fi sau ashirin. Kullum a mota nake ɗaura niyya. Ko salla na tayar, in na rufe ido su nake gani suna jeruwa."

Na ce masa bana ba shi zai ja ba. Ya ce in ba shi kwana goman nan, zai gyara. Na so in ba shi, Allah ya sani. Amma na ce masa abin da ya zube a wata bakwai ba ya komawa a kwana goma, kuma mutanen da za su bar sana'arsu su zauna da ƙishirwa suna da haƙƙin a karanta musu daidai. Ya ce mutane za su yi magana. Na ce za su yi.

Na aika garin Sule Tankarkar aka kira wani alaramma da muka yi karatu da mahaifinsa. Muryarsa ba ta kai ta yaron daɗi ba, kuma yana da sauri, sau da yawa yakan ɗora kafin in rufe baki. Ranar farko ina fassara ina jin idanun jama'a suna neman wanda suka saba gani. Bayan an tashi mutum uku suka tambaye ni ko lafiya, na ce yana da uzuri. Wasu suka ce aikin boko ya ɗauke shi, wasu suka ce mun saɓa. Shi kuwa yaron yana zaune a sahun baya, kusa da takalma, duk yana ji.

Ya roƙi maigidansa hutun watan, aka ba shi. Na ce kullum da hantsi ya kawo mini izu biyu, fuska da fuska, ni da shi. Ina riƙe da carbi, duk kuskure in ja ƙwaya ɗaya, in an gama in nuna masa ba tare da magana ba. Ranar farko goma sha bakwai. Akwai ranar da aka sami biyar har na fara murna, washegari aka koma goma sha ɗaya. Ina lura da hannunsa na dama a kan gwiwarsa, ɗan yatsan yana dannawa shi kaɗai, musamman in ya zo wuri mai wuya. Ban ga alamar shi ya sani ba.

Ranar ashirin da tara ga wata ƙwaya huɗu na ja. Na ce masa huɗu ta yi yawa ga mai jan baƙi, amma in aka ɗore a haka baɗi zan ba shi izu goman ƙarshe, alaramma ya riƙe sauran, sannan mu ga abin da Allah zai yi. Na ce bayan Salla da kwana biyu ya zo mu koma farko. Ya ce ranar ce zai koma aiki, sai dai ya riƙa kawowa bayan Asuba kafin ya tafi tasha. Na tambaye shi ko za a iya cire wasan daga cikin injin. Ya ce akawun ya taɓa cirewa da ya roƙe shi, amma shi yaron ya san yadda ake mayar da wasan.