Hannun Eufemia

Shekara talatin muna maƙwabtaka da Eufemia a Nogales, ban taɓa ganin ta zauna haka kawai ba. Tortiya take yi, wato gurasar alkama irin tamu mai faɗi, wadda ake wurgawa daga damtse zuwa damtse har ta yi shara-shara. Ga baki. In ka ji ta yabi mutum, to ba ta da lafiya.

'Yarta Maribel tana ɗaya ɓangaren garin, bayan shingen ƙarfen kan iyaka da ya raba garin tsakanin ƙasashe biyu. Ba ta da takardar zama a can, in ta tsallako ba komawa, ita kuma Eufemia sau uku ana hana ta biza. Da can kowace Lahadi takan miƙa musu tortiya ta tsakanin ƙarafan. Da aka liƙa raga, sai kan yatsa kaɗai ke wucewa. Abin da ke cin ranta jikarta ce, Yaretzi, mai shekara sha huɗu: za ta girma tana cin tortiyar kanti ta cikin leda, don uwar ba ta taɓa koya ba. An gwada koyarwa ta waya, hannun tsohuwar ya fi wayar sauri.

Ana haka sai ga wani Ulises da kyamara, wai yana fim kan zaman garin. Ya so ta jingina da shinge ta yi tagumi. Wallahi ni ma raina ya ɓaci, kowa ya zo hawayenmu yake nema. Ta dube shi sama da ƙasa.

"Ɗan nan, abin naka yana iya rage saurin motsi?"

Ya ce yana iyawa.

"To ƙyale fuskata. Ɗauki hannu."

Kwana uku tana juya bawan Allah, tun daga kwaɓi har kasko. Da ya gama, ta sa shi ya tsallaka ya kai wa yarinyar fim ɗin.

Bayan wata biyu na raka ta shinge. Yaretzi ta ɗaga wata tortiya karkatacciya mai huji biyu.

"Nana, duba," ta ce wa kakar.

Eufemia ta daɗe tana kallo. Ta ce gefen ya yi kauri, kuma an yi rowar kitse. Sannan ta sa yarinyar ta gutsuro ɗan mitsitsi ta turo ta ramin raga, ta jefa a baki.

Sai da muka sha kwana ta kama hannuna, hawaye shaɓe-shaɓe.

"Gishirin daidai yake," in ji ta. "Kada ki kuskura ki gaya mata."