Hannun Baba Kanar

Duk wanda ya san Baba Kanar ya san kujera ba ta taɓa jin ɗumin jikinsa ba. A tsaye yake shan shayi, a tsaye yake jin rediyo, gaisuwa ma yana tafiya yana amsawa, mai gaisuwar na bin sa a baya. Kakata Hajiya takan ce, "Mutumin ga ko barci da takalmi shika yi nai."

Mahaifin Innata ne. Likitan tiyata ne na soja, ya yi wa mutane aiki cikin tanti a bakin daga, ya riƙe sashen tiyata a babban asibitin soja har ya kai kanar. Da ya yi ritaya ya tattaro ya dawo Sabon Birni, wai ya gaji. Gajiyar kwana biyu ta yi! Rana ta uku ya fara zagayen marasa lafiya a cikin gida, hannu goye a baya: awaki, kaji, sannan Hajiya.

"Hajiya, yaya cikin?"

"Shina nan inda ka bar shi jiya."

Ni ke bin sa da faranti, don ni kaɗai ce ba na katse shi. Ko a aji malam ya kira sunana, muryata maƙalewa take yi. Amarya yake ce mini, irin wasan kaka da jika. Har lokacin manoma da makiyaya na kawo masa raunuka yana ɗinkewa a zaure, ni kuma in riƙe kayan aiki. Wata safiya ya juyo ya miƙo mini hannunsa na dama har kusa da hancina.

"Amarya, ke ba ki magana, amma kina gani. Za ni ba ki aiki. Ran da kika ga hannun ga ya yi rawa, ki hwaɗa min. Hannu mai rawa bai taɓa ɗan mutane. Gidan ga kowa na tsorona, ba mai hwaɗi."

Na sunkuyar da kai na ce to. Tun daga ranar idona bai bar hannun nan ba.

Kai, hannun ya sha aiki! Ba abin da ke yagewa a gidanmu ya kwana. Buhun gero, takalmin Inna, har ƙwaryar furar Hajiya da ta tsage ya ɗinke da ƙullin asibiti, ya ce kada a zuba mata komai sai ta yi sati. Gyartan unguwarmu ya daina gaishe shi.

Sallar layya kuwa kun sani. Tun hantsi yake kan rago ɗaya, yana ɗaga kowace tsoka yana faɗa mana sunanta. Maƙwabta tuni sun jera nasu a bakin wuta. Da la'asar maƙwabcinmu Malam Ummaru ya leƙo ta katanga yana tauna hanta.

"Kanar, in ka ƙare ka ɗinke shi ya tahi gida, iyalinai na jira!"

"Ummaru, kai naka kisan gilla ka yi mai."

Hajiya ta ce daga madafa, "Awo, mu namu jinya mukai. Gobe mu ci takardar sallama."

Sai ranar da wani Ardo ya koro bijimi daga wajen garin Isa, wani bijimin ya farke masa cinya da ƙaho. Baba Kanar ya wanke hannu har gwiwa.

"Sunan mara lahiya?"

"Likita, sa ne."

"Sa ba shi da suna?"

"Ɓaleri muke ce mai."

Mutum shida suka danne Ɓaleri aka ɗinke shi tsaf. Baba Kanar ya miƙe yana share gumi. "Sati biyu ba hwaɗa, ba bin mata."

Ardo ya ce, "Likita, kai ka gaya mai da bakinka. Ni ko ɗana bai ji wannan ba."

Kowa na dariya, ni ina kallon hannu. Ko gezau.

Da kaka, ana yankan gero, na fara ganin abin. Shayinsa ya riƙa yin 'yan zobba a cikin kofi. Maɓallin wuyansa ya daina ɓallawa, wai zafi. Zagayen safe kuma hannun dama ya bar baya ya koma aljihu. Ba wanda ya lura. Sati uku ina yawo da maganar a bakina. In je ƙofarsa in dawo, in ɗauki tsintsiya in share inda na riga na share. Na rubuta a takarda na yaga. Hajiya ta dube ni ta ce, "Ke kuma ciwon kakanki na rashin zama kika ɗauka?"

Rannan da hantsi aka kawo wani manomi a kan babur daga hanyar Alkalawa, lauje ya zame ya sare shi a wuyan hannu. Baba Kanar ya ɗaure sama da raunin, jini ya tsaya. Ya wanke hannu, ya ce, "Amarya, allura."

Ya ɗauka. Tsininta na kaɗawa kamar gashin zakara. Manomin ya rufe ido ya miƙa hannu, da shi yake ciyar da gidansa.

"Baba."

"Mi ne?"

"Ya yi."

"Mi ya yi?"

"Hannun. Shina rawa. Tun yankan gero."

Ya ɗaga hannun ya dube shi gaba da baya, ya daɗe. Sannan ya aje allurar a faranti a hankali.

"Na gani," in ji shi. "Na ce ma kaina sanyi ne."

Ya naɗe raunin da kyau, ya sa na rubuta wa asibiti takarda yana faɗa ina rubutawa, ya daka wa mai babur tsawa ya tashi yanzu-yanzu. Da ƙarar babur ta yi nisa ya juyo, idonsa ya cika, amma yana murmushi.

"Janar-janar sun yi sun yi, ba su iya tsaida ni ba. Sai ga 'yar aji biyu ta sallame ni, ko fareti babu!"

Na fashe da kuka. Ya dafa kaina, ina jin tafin nasa na kaɗawa a kan ɗankwalina.

"Yi shiru, Amarya. Kin cece ni, kin ceci ɗan mutane. Ashe muryar taki da kauri."

Bai sake ɗaukar allura ba. Damina ta gaba ya rasu, ran Juma'a. Manomin nan na cikin waɗanda suka ɗauki makara, da hannu biyu.

Allah ya jiƙan Baba Kanar, ya yafe masa, ya haskaka makwancinsa. Ranar da za a raba littattafai, Allah ya miƙa masa nasa a wannan hannun na dama. Amin.