Kwana Arba'in na Baba

Shekara goma ke nan cif da muka rasa Baba, sha biyu kuma da kotu ta kori ƙararsa ba tare da an saurari ko jimla ɗaya daga bakinsa ba.

Rigimar a kan 'yar ƙasa ce a bayan gidanmu, cikin birnin Zariya, inda aka binne mahaifiyarsa. A gefen kabarin akwai fili daidai tsawon mutum, kuma nan Baba yake so a kwantar da shi. Baffa Dalhatu, ɗan wan mahaifinsa, ya ce wajen yana cikin rabonsu. Alƙali ya ba Baffa gaskiya, ya ce wanda bai gamsu ba yana da kwana talatin ya ɗaukaka ƙara.

Kwana uku da hukuncin, Baffa ya rasu.

Baba ne ya yi masa wanka. Da na tuna masa maganar kwanakin, lokacin ina ajin ƙarshe a sakandare, sai ya dube ni a hankali ya ce, "Uwata, ƙasar kabarinsa ba ta bushe ba. A bari a yi arba'in."

Washegarin sadakar arba'in ya je wurin mai buga takardu a bakin kotu. Mutumin ya ce a sa sunan magada. Baba ya ƙi. "'Ya'yana ne. Da ubansu nake magana." Aka buga sunan mamaci.

Na raka shi ranar zaman. Har yau ina jin muryar masinja yana kiran Dalhatu, sau uku, yana jira tsakanin kowane kira kamar yadda aka koya masa. Fanka na juyawa a sama. A kira na uku aka yi gyaran murya daga bencin baya, irin ta Baffa sak, mai ɗan kaushi a ƙarshe. Babu wanda ya waiwaya sai ni. Sani ne, babban ɗansa, kansa a sunkuye. Na san shi ne, amma tsikar jikina ba ta kwanta ba sai da muka shigo ƙofar gari.

Mai shari'a bai ɗauki minti biyar ba. Lokaci ya wuce, ba a nemi izinin ƙarin kwanaki ba, kuma ba a ƙarar wanda ba ya raye. Baba ya ce, "To, madalla," ya ɗauki sandarsa. Aka ja katanga, kabarin ya koma ɓangaren su Sani. Shekara biyu yana tsayawa ta wannan gefen bayan la'asar, yana yi wa mahaifiyarsa addu'a ta cikin jan bulo. Da ya rasu, maƙabartar bayan ganuwa aka kai shi.

Yanzu na yi karatu, na san takarda guda ta neman ƙarin lokaci da wataƙila ta isa. Nakan tambayi kaina me zai ce da ya ga yadda 'yan'uwa ke zuwa ta'aziyya yau da lauya a mota yana jiran su. Ban iya kiran abin da ya yi kuskure ba, ban kuma iya cewa dokar ta zalunce shi ba. Kowa da irin ƙidayarsa.

Bara na shiga gidan su Sani barkar haihuwa, karo na farko tun bayan shari'ar. Ya kai ni bayan gida da kansa.

"Da Baba ya aiko ko da baki ne, wallahi da mun bar masa," in ji shi. "Mu kunya ta hana mu zuwa."

Sun yi ɗakuna, sun zuba siminti ko'ina, har dab da kabarin. Filin nan mai tsawon mutum kaɗai suka bari. Matarsa ta ce sau biyu suna kawo magini, ya auna, ya tafi ɗauko kaya, bai dawo ba. Daga nan ba su sake nema ba.

Na daɗe a tsaye ina kallon wajen. Daidai tsawon Baba ne.