Binciken Asalin Bakura

Barira tela ce a layinmu na Tudun Wada, kuma ban taɓa ganin mace mai gajiya a fuska irinta ba. Mijinta ya rasu ya bar mata 'ya'ya biyu da keken ɗinki mai kuka kamar tsohuwar ƙofa. Ta haura talatin da biyar tana zawarcinta shiru, har shekarar da mutanen Borno suka fara sauka Gombe da ƙullin kaya a ka.

Cikinsu akwai Bakura, mutumin Bama, mai wankin hula. A gaban shagonta yake shanya hulunansa, wai nan rana ta fi bugawa. Ba shi da surutu, Hausarsa ma a karkace take. Mu dai mun gane inda aka dosa tun ranar da Barira ta daina mitar ruwan wankin da ke kwarara ƙofar shagonta.

Da maganar aure ta taso, matsalar ita ce mahaifinta, Alhaji Bamanga, Bafulatani mai fataucin shanu a Kwadon. Alhaji bai taɓa cewa a'a ba, shi bakinsa ba ya faɗin magana kai tsaye. Cewa ya yi a gidansu ba a ba da 'ya sai an aika garin mutum an binciko asalinsa. Kowa ya san Bama na hannun 'yan bindiga a lokacin. To wa za a aika? A Gombe ma bam na tashi a tasha, duk mai Hausar Barebari da wutsiyar ido ake kallonsa.

Barira ta jira. Ta tura ƙannen mahaifinta, ta tura limamin unguwa, ta je da kanta ta durƙusa har gwiwoyinta suka yi kanta. Amsar ɗaya ce, a bari hanya ta buɗe. Haushi ya ishe ni, na ce mata ita fa ba yarinya ba ce, shari'a ta ba ta ikon zaɓar mijinta, kuma in waliyyi ya hana ba hujja, alƙali na iya ɗaura mata. Ta ce duk ta sani. Abin da ba ta sani ba shi ne yadda za ta tsaya gaban alƙali, uban da ya haife ta na tsaye a ɗaya gefen.

Sai da ta rame ta lalace sannan ta kai ƙara. Alƙali ya tambayi Alhaji ko ya san wani aibu a addinin Bakura ko a halinsa. Ya ce bai san aibunsa ba, bai kuma san kirkinsa ba. Liman da masu shagunan layi suka ba da shaida, alƙali ya tsaya a matsayin waliyyi, aka ɗaura. Ko guɗa ba a yi ba. Daga ranar Alhaji bai ƙara amsa gaisuwarta ba. Takan je Kwadon duk Juma'a ta gaishe shi ta bayan labule, ta dawo idonta jawur, ta hau keken ɗinkinta.

Bayan shekaru aka buɗe hanyar Bama. Alhaji bai gaya wa kowa ba, ya bi ayarin motocin da sojoji ke rakawa. Ni na ɗauka abin da zai kunyata ta ya tafi nema, har na zage shi a raina. Da ya dawo, shagon ya zo kai tsaye, ina zaune ina jiran ɗinkina. Bai kalli 'yarsa ba, Bakura ya kalla.

"Na je unguwarku," in ji shi. "Na nemi wanda zan tambaya. Ban samu kowa ba."

Bakura ya ajiye hular da ke hannunsa. Duk shekarun nan cewa yake wataƙila yayyensa sun koma gida, kuma ko da hanya ta buɗe bai yarda ya je ya duba ba. Tausayinsa ya kama ni har na rasa inda zan sa idona.

"Bappa, ga tabarma," Barira ta ce wa mahaifinta.

Alhaji ya zauna kusa da surukinsa. Ita kuma ta koma kan keke, ta ɗora ƙafa, amma ta kasa takawa.