Shirun da na koya a Gwandu

Shekarun baya, da na ajiye shirin wasanni a gidan rediyo na koma koyarwa, na ɗauka aikin ɗaya ne. Baki ne jarina a can, baki ne zai zama jarina a nan. Aka tura ni wata firamare kusa da Kambaza, aka ba ni lissafin aji biyar, na kwaso kayana daga Kalgo ina ta jin kaina.

Yara suka so ni nan da nan. Ina tsayawa gaban allo sai in saki murya: "Ya ɗauko bakwai, ya miƙa wa takwas, hamsin da shida, ta shiga raga!" Aji ya kaure da tafi. Har yaran wasu azuzuwa sukan leƙo ta taga.

Sai aka yi gwajin tsakiyar zango. Waɗanda suka ci ba su cika yatsun hannu ɗaya ba. Hedimasta ya kira ni ofis, ya ce, "Malam, ɗiyan ga suna son ka, amma ba su san komi ba. In ƙarshen zango yaz zo haka, sai in ba wani malami ajin, kai ka riƙe muna wasanni."

Na ji kunya ƙwarai, amma mamakina ya fi kunyar yawa. Ta yaya yaro zai yi tafi da abin da bai gane ba? Akwai wata dattijuwar malama da ajinta ke cin jarrabawa kullum, alhali muryarta ko bakin ƙofa ba ta kaiwa. Na roƙe ta, na zauna a bayan ajinta in ga sirrin.

Ta yi tambaya, sai ta yi shiru. Ta gyara mayafi, ta tsaya kallon shanu suna wucewa kiwo. Ni kuwa na ƙagu ta ci gaba da magana, domin a rediyo in ka yi shirun daƙiƙa uku, mai kula da na'ura zai fara buga maka gilashi. Na ƙirga har ashirin a raina. Can sai hannu ɗaya ya tashi, wani ya biyo.

Da aka tashi na tambaye ta me take jira. Ta yi dariya ta ce, "Ɗana, rabin ɗiyan ga Fulani na, da Hillanci suka lissafi cikin kai. Su juya shi Hausa, kana su nemo Turancin. Tahiya ce mai nisa. Kai ko, kai ka tambaya, kai ka amsawa. Yaushe za su iso?"

Washegari na tambayi bakwai sau takwas, na cije leɓe. Na tsaya ina jira. Daga baya wata yarinya da ban taɓa jin muryarta ba ta ce, "Hamsin da huɗu." Ba daidai ba ne, amma daɗi ya kama ni, don ranar na fara sanin inda suke tuntuɓe. Muka zauna a wurin har muka gyara.

Wata safiya hedimasta ya ji ajina tsit, ya leƙo a zatonsa ban zo ba. Ya tarar da ni tsaye, yara na ƙirga da yatsu. Ya jingina da ƙofa muka jira tare. Ƙarshen zango ya bar mini ajina.

Har yau in aji ya yi shiru, harshena yakan riƙa ƙaiƙayi. Nakan danne. Na daɗe ana saurarona daga Kalgo har Gwandu, amma sai da na rufe bakina na fara jin muryar waɗanda nake yi wa magana.