Likkafani Biyu a Hannun Ƙaltume

Duk unguwar Harra ta Gabas a Madina an san Ƙaltume mai wankan gawa. Kakanta ya taho a ƙasa tun daga Damagaram, ita kuwa a Madina aka yanke mata cibiya. Shekara talatin tana yi wa mata sutura, kuma wallahi mace ce mai kafiya: ƙyalle biyar ake yi wa mace likkafani, ko 'yar sarki ce ba ta ƙara zare ɗaya.

A Hajjin 1996 aka kawo mata gawar wata tsohuwa 'yar Filifin, mai shekara casa'in da huɗu. Jikarta Nurhaida, nas ce a wani asibiti a unguwar Ƙuba, ta biyo gawar rungume da likkafani biyu da aka jiƙa da Zamzam.

"Ɗaya ya isa, 'yata," in ji Ƙaltume. "Kabari ba shago ba ne."

"Ya Hala, ɗayan na mahaifiyarta ne," in ji Nurhaida da Larabcinta na asibiti, tana kiran ta Hala, wato inna.

Sai ta ba da labari. Bayan Amurka ta karɓe ƙasarsu daga hannun Sifaniya, mutanen tsibirin Jolo da suka ƙi miƙa wuya suka hau dutsen Bud Dajo da matansu da 'ya'yansu. A 1906 sojoji suka kewaye su da bindigogi, suka kashe ɗaruruwa. Tsohuwar nan tana 'yar shekara huɗu aka zaro ta daga ƙarƙashin gawar uwarta. Uwar ba ta samu ko ƙyalle ba. Shi ya sa tsohuwar ta tanadar wa uwar likkafani, ta yi wasiyya a binne ta da shi.

"Ai shahidi ba ya bukatar likkafani," Ƙaltume ta ce, amma muryarta ta yi sanyi.

"Ta sani. Ta ce ita dai ta ga uwarta a kwance ba rufi."

Innalillahi! Tausayi ya kama Ƙaltume. Amma ƙyalle goma a gawa ɗaya? Ba za ta je gaban Allah da wannan ba. Ta mayar da yarinya da wasiyyar a hannu kuma? Wannan ma ba za ta iya ba. Ta daɗe tsaye tana duban yadin nan biyu, ga azahar ta matso, masu ɗaukar makara zuwa maƙabartar Baƙi'a suna ta ƙwanƙwasa ƙofa.

Can ta warware su duka. Ta ɗauki zane da riga da mayafi daga na tsohuwar. Manyan ƙyallaye biyun da ake naɗe gawa daga waje kuwa, ta ɗauko daga na uwar. Ta ƙirga, biyar cif.

Ta ɗaure, ta dubi Nurhaida, hawaye na zuba.

"Ki ce su shigo. Uwarta ta goya ta."