Ranar da Iska ta Juyo Kan Waken Iya

Wata Alhamis ce a tsakiyar damina, cikin hutun da na gama aji huɗu na firamare. Ina tsugune a bakin rijiyar gidanmu da ke Garo ina wanke kwanon da muka ci kwaɗo, sai akuyarmu ta yi wani kuka da ban taɓa jin irinsa ba. Da na waiwaya na gan ta kwance a gindin turke, ƙafafunta suna karkarwa, kumfa tana zuba daga bakinta. A gabanta ga ragowar ganyen waken da muka zuba mata da hantsi. Kakarmu, Iya, ta fito daga ɗaki da carbi a hannu. Ta ɗauki ganye ɗaya ta shinshina, sannan ta juyo ta dube ni, ta dubi ƙanwata Rabi. Ban taɓa ganin fuskarta haka ba.

Waken na Iya ne. Kowace shekara idan ruwa ya zauna takan shuka shi a bayan gida, a jikin dangar da ta raba mu da gonar maƙwabcinmu Malam Idi. Ba don 'ya'yan take shukawa ba, don ganyen ne. Idan ya fara yaɗo mukan fita bayan raɓa ta bushe, mu riƙa tsinkar toho mai laushi da farce. "Ku ɗauki kan, ku bar masa jikinsa," in ji ta, "jibi ma nan za mu dawo." Rabi ba ta isa makaranta ba tukuna, aikinta bin fara da tauna ganyen ɗanye, ko an hana ta. Wani Iya ta dafa, ta matse, ta kwaɗa mana da ƙuli-ƙuli da albasa. Sauran a baza a tabarma a inuwar rumfa, ni ce mai korar kaji, har ya bushe ƙayau. Sai ta zuba a tsohuwar randa, ta rufe da faifai, ta liƙe bakin da laka. Da shi muke miya da fate har rani ya fita.

Abin da ba mu sani ba, da sassafen ranar Malam Idi ya sa an yi wa gonarsa feshin maganin ƙwari, iska kuma ta juyo ta kwaso shi ta kan danga. Ni da Rabi muka cinye kwanon tas. Iya tana azumin Alhamis, ko ɗanɗanawa ba ta yi ba.

Innarmu ta tafi barka Dugabau, Baba yana gona. Iya ta ɗora min Rabi a cinya, ta ce kada in bari ta yi barci, ta fice kiran Baba. Tsohuwar da ko zaure ba ta leƙawa sai da mayafi, ranar da ɗankwali kawai ta fita, ba takalmi. Gidan ya yi tsit. Akuyar ta daina motsi, ƙudaje suka fara sauka a kanta. Rabi ta ce cikinta yana murɗawa, sai amai, sai gumi, yawu yana dalala a kan zanena. Ina jijjiga ta ina rera mata waƙar gaɗa, ina kuma sauraron jikina. Duk yawun da na haɗiye sai in ce shi ke nan, nawa ya fara. Na karanta duk surar da na iya, na sake daga farko, ina kallon ƙofa.

Baba ya shigo da babur ɗin aro, laka har gwiwarsa. Ya goya Rabi da zanen Iya kamar mace, ni kuma a bayansu, muka kama hanyar Kabo. Kan Rabi yana lilo yana bugun ƙirjina, Baba yana ta tambaya ba tare da ya waiwayo ba: "Tana numfashi?" Ni kuma in kara kunne in ce tana yi, ko da ban tabbatar ba.

A asibiti aka yi mata allura, aka sa mata ƙarin ruwa. Ni ciwon ciki ne kawai ya same ni, domin wanda aka wanke aka dafa na ci, ita kuwa ta ci ɗanye tun a bayan gida. Sai washegari da hantsi ta buɗe ido ta nemi koko. Baba ya juya fuskarsa bango.

Da muka dawo an binne akuyar, Iya ta tuge waken duka. Har randar ta fasa, ta juye ganyen da muka tara tun farkon damina a rami, duk da cewa babu abin da ya same shi. Malam Idi ya zo ya durƙusa a zaure yana ba da haƙuri. Iya ta ce, "Ba kai ka aiko iskar ba, Malam. Amma da ka leƙo ka gaya mana." Da damina ta zagayo ta shuka wakenta a tsakar gida cikin fasassun tukwane. Kuma daga ranar ba ta sake miƙa mana ganye ba sai ta fara ci ta ɗan jira. Idan tana azumi, sai mu haƙura har a sha ruwa.

Yanzu ina aure a Gwarzo, Rabi tana da 'ya'yanta, ba ta ma tuna ranar. Feshi ya zama ruwan dare, kowace gona da mai tanki a baya, ba mai tsayawa ya dubi inda iska ta nufa. Nakan shuka wakena a tsofaffin bokitai a tsakar gida, nesa da katanga, ina kewar lokacin da yaro zai tsinki ganye ya kai baki ba fargaba. Idan na kwaɗa, yarana sukan kewaye kwanon suna ƙorafin na cika son kai. Ban taɓa yi musu bayani ba. Nakan ci loma ta farko, in ɗan jira.